Janar Silim: Malamin Makarantar Da Ya Jagoranci Yaƙin Bama

Jawabin wannan wata a kan wani babban hafsan sojan Ingila ne, mai suna Wiliyam Silim. Wataƙila ba kowa ya taɓa jin sunansa ba, amma da wuya a sami gari a ƙasar Hausa da ba a san labarin Yaƙin Bama ba. Dattawa da yawa sun tashi sun tarar da tsofaffin sojoji masu lambobin yabo a ƙirji, waɗanda suka ƙetare teku a zamanin Yaƙin Hitila. To, wannan Bature shi ne babban kwamandan da ya ja ragamar wancan yaƙi a ƙasar Bama, wadda yanzu ake kira Miyanma.

An haifi Silim ran 6 ga watan Agusta, 1891, a birnin Biristol, ya kuma girma a Bamingam. Mahaifinsa ɗan kasuwa ne mai sayar da kayan ƙarfe, ba mai hali sosai ba. A wancan zamani 'ya'yan masu kuɗi ne suka fi zama hafsoshi. Saboda haka Silim ya fara da aikin koyarwa a makarantar elementare a unguwar talakawa, daga baya ya zama akawu a wani kamfanin yin bututun ƙarfe. Zaman da ya yi da 'ya'yan talakawa ya koya masa yadda ake magana da ƙaramin mutum har ya fahimta.

Da Yaƙin Duniya na Farko ya ɓarke a 1914, sai aka ba shi muƙamin ƙaramin hafsa. An yi masa mummunan rauni a Galifoli ta ƙasar Turkiyya a 1915. Da ya warke aka tura shi Iraƙi, can ma aka sake harbinsa a 1917, ya kuma sami lambar jarumtaka. Bayan yaƙi ya koma rundunar sojan Indiya, inda ya yi aiki da Gurkawa, watau mutanen ƙasar Nefal, har ya iya harshensu.

A Yaƙin Duniya na Biyu, karonsa na farko bai yi kyau ba. A watan Nuwamba na 1940 ya kai wa sojojin Italiya hari a Gallabat, kan iyakar Sudan da Habasha. Jiragen saman Italiya suka yi wa mutanensa ruwan bama-bamai, tilas ya dakatar da harin. A watan Janairu na 1941 wani jirgin sama ya harbe shi a Iritiriya, rauni na uku ke nan. Da ya sami sauƙi ya jagoranci sojoji a Iraƙi da Siriya da Iran.

A watan Maris na 1942 aka tura shi Bama. Ya iske Japanawa sun riga sun kame Rangun, babban birnin ƙasar a lokacin. Abin da ya rage kawai shi ne a tsira da rai. Silim ya janye rundunarsa tafiyar kimanin mil 900, cikin yunwa da ƙishirwa da cuta, suka isa Indiya a watan Mayu daidai faɗuwar damina. Sojan Ingila bai taɓa ja da baya mai nisa irin wannan ba.

Hausawa na cewa in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Silim nasa gemun ne ya ƙone, don haka ya zauna ya yi nazarin dalili. Ya gane cewa sojojinsa sun dogara ga motoci, ba sa iya rabuwa da hanya. Su kuwa Japanawa sai su ratsa ƙungurmin daji da ƙafa, su ɓullo ta baya su toshe hanyar. Da zarar an yanke abinci da harsashi, sai tsoro ya shiga, a watse. Da aka naɗa shi kwamandan Runduna ta 14 a watan Oktoba na 1943, sai ya shiga gyara.

Na farko, horo. Ya sa kowa ya koyi zaman daji da sintiri, har akawu da kuku da direba, domin a irin wannan yaƙi babu wanda ke bayan fage. Ya ba da umurni cewa duk ƙungiyar da aka kewaye kada ta gudu. Ta tsaya ta haƙa ramuka, za a jefo mata abinci da harsashi daga jirgin sama. Da laimar siliki ta yi ƙaranci, sai aka riƙa ɗinka wata a Kalkata da zaren buhu, irin mai kama da rama.

Na biyu, lafiya. A 1943, in an kwashe soja ɗaya saboda raunin yaƙi, sai an kwashe kimanin 120 saboda ciwo, musamman zazzaɓin cizon sauro da atuni. Akwai ƙwayar rigakafi mai suna mefakirin, amma sojoji na ƙin sha. Tana sa fata ta yi rawaya, ga kuma jita-jitar wai tana kashe ƙarfin namiji. Silim ya ɗora alhakin a wuyan hafsoshi. Ya riƙa aika likitoci ba zato su gwada bataliya sukutum, ya kuma sauke kwamandoji uku da mutanensu ba sa shan magani. Sauran suka shiga taitayinsu. Aka tilasta kwana cikin gidan sauro da sa riga mai dogon hannu da yamma. An kafa wuraren jinya kusa da bakin daga, har mai zazzaɓi ya riƙa komawa aiki cikin makonni maimakon watanni.

Na uku, ƙarfin zuciya. Sojojin suna kiran kansu rundunar da aka manta, domin hankalin Ingila yana kan yaƙin Turai. Silim ya riƙa bin su sansani sansani. Yakan hau kan motarsa ya yi musu bayani da Turanci ko Urdu ko harshen Gurkawa, ya nuna wa kowa amfanin aikinsa. In abinci ya yi wa na bakin daga ƙaranci, sai ya rage na ma'aikatan ofishinsa.

A nan ne labarin ya taɓa gida. Sojojin Afirka ta Yamma kimanin 90,000 aka kai wannan yaƙi, fiye da rabinsu 'yan Nijeriya, kuma Hausa ce harshen da aka fi ji a barikinsu. Runduna ta 81 ta yi yaƙi a kwarin kogin Kaladan, inda babu hanyar mota. Daga sama ake jefo musu kaya, sannan 'yan dako su ɗauka a ka su hau duwatsu. Wasu bataliyoyi uku na Nijeriya kuma sun bi mayaƙan Cindit zuwa bayan abokan gaba a 1944.

A watan Maris na 1944 Japanawa suka yunƙuro don shiga Indiya. Silim ya janye mutanensa zuwa filin Imfal da gangan, don abokan gaba su yi nisa da rumbunansu. An kewaye Imfal da Kohima, aka yi ta gwabzawa, jirage na kawo abinci da ƙarin sojoji. Ran 22 ga watan Yuni aka buɗe hanya. Damina ta sauka, yunwa da cuta suka far wa Japanawa, suka yi hasarar mutum fiye da 50,000.

A farkon 1945 ya yi dabarar da ta fi fito da sunansa. Ya sa Japanawa suka zaci zai auka wa Mandale daga arewa, har aka kafa ofishin ƙarya mai aika saƙonni ta rediyo. Alhali kuwa ya zagaya da wata runduna a ɓoye ta kudu. Suka haye kogin Irawadi, suka kame Mektila inda rumbuna da filayen jiragen Japan suke. Mandale ta faɗi ran 20 ga Maris, aka shiga Rangun a farkon watan Mayu. A gefen teku kuma, Runduna ta 81 da ta 82 na Afirka ta Yamma sun riga sun ƙwace Miyohang tun watan Janairu, ko da yake a lokacin an fitar da su daga ƙarƙashin Silim.

Bayan yaƙi ya zama shugaban hafsoshin sojan Ingila a 1948, sannan Gwamna Janar na Ostireliya daga 1953 zuwa 1960. Ya mutu a Landan ran 14 ga Disamba, 1970. Tarihinsa bai rasa tabo ba. Masana sun lura cewa littafin da ya rubuta a 1956 bai ba sojojin Afirka yabon da ya dace da wahalarsu ba. Har ila yau, bayan mutuwarsa wasu da suka tashi a gidan renon yara a Ostireliya sun zarge shi da cin zarafinsu suna ƙanana. Iyalinsa sun musanta, amma a 2019 hukumar birnin Kanbera ta yanke shawarar cire sunansa daga wani titi.

To, jama'a, duk wanda ya wuce Barikin Dalet a Kaduna ko Barikin Cindit a Zariya, ya san daga Yaƙin Bama sunayen suka samo asali. Yawancin mazan jiyan da suka je can sun riga sun kwanta dama. Wanda ke da irin wannan tsoho a zuriyarsa, ya tambayi manya sunansa da bataliyarsa da abin da ya faɗa, ya rubuta ya adana wa yara. Ya kuma tuna cewa sai da aka ci sauro da yaƙi kafin a ci Japan, saboda haka a kwana cikin gidan sauro, a sha magani yadda ma'aikacin lafiya ya ce. Allah ya jiƙan waɗanda suka rigaya, ya sa a amfana.