Igwa a Cikin Jirgin Yaƙi: Girma da Farashinsa

Yau batunmu manyan igwogin da aka ɗora wa jiragen saman yaƙi, kuma ina roƙon samarinmu masu yaɗa bidiyon makamai a waya su kasa kunne: girman bakin igwa ba shi ne nasara ba. Duk mafarauci ya san yadda bindiga ke dukan kafaɗa in an harba ta, to haka igwa ke yi wa jirgi, ga nauyi kuma. A 1917 Faransa ta sa igwa mai milimita 37 a jirgin SPAD XII. Matuƙi zai harba ɗaya, hayaƙi ya turnuƙe masa fuska, sannan ya ɗura wani harsashi da hannu, yana tuƙi. A Yaƙin Duniya na Biyu Amurka ta cusa mai milimita 75 a hancin B-25, shi ma ɗurin hannu, abin da bai wuce harbi uku ko huɗu ba kafin jirgi ya wuce. Jamus ta rataya irinta a ƙarƙashin Hs 129 don fasa tankokin Rasha, jirgin ya koma tashi da ƙyar. Italiya kuwa ta gwada milimita 102, ta tsaya a jirgi ɗaya tak. Wanda ya sayi rariya ai ya san za ta zubar da ruwa.

Na san wani zai ce, ina AC-130 na Amurka, mai igwa milimita 105 tun zamanin yaƙin Biyetnam? Gaskiya ne, yana ɓarna, domin igwarsa a gefen hagu take, yana zagaye wuri ɗaya yana ta luguden wuta. Amma a hankali yake wannan zagayen, shi ya sa duhu ne garkuwarsa. A Janairun 1991, kusa da Khafji a Saudiyya, gari ya waye wa guda a sama, sojojin Iraƙi suka kakkaɓo shi da makami mai linzami, mutum 14 suka mutu.

Abin da ya fi damuna ma, igwa ba ta tantance wanda ke ƙasa. Ku daina tafa wa girmanta, don Allah. A Oktoban 2015 irin wannan jirgi ya yi wa asibitin ƙungiyar likitoci ta MSF ruwan wuta a Kunduz ta Afganistan, mutum 42 suka rasu, cikinsu har da marasa lafiya a kan gadajensu.