Yaron da ya yi shiru yana da abin faɗa

Wannan jawabi ne da wata ma'aikaciyar kula da yara ta yi wa iyalan da aka maido daga Aljeriya, a masaukinmu na Agadas. Mun buga shi saboda waɗanda ba su samu zuwa ba. Wanda ya iya karatu ya karanta wa na kusa da shi.

 Iyayena mata, iyayena maza, yayye da ƙanne, sannunku da hanya, sannunku da gajiya. Allah ya huta gajiya.

Na san hanyar da kuka biyo. Daga Tamanraset zuwa In Gezam kusan kilomita 400 ne. Wasunku mota ta kawo su har Asamaka, wasu kuwa an sauke su a wurin da ake kira Point Zéro, suka taka kilomita 15 cikin rairayi da goyo a baya. Daga nan sai Arlit, sai nan Agadas. Waɗanda suka yi damina da ɗari a Tamanraset sun san sanyin ƙasar duwatsun Ahaggar, inda tudun Asekrem ya haura mita 2,700, kuma da yawanku a kango kuka kwana cikin wannan sanyi. Tun watan Disamba na 2014 ake maido ƴan Nijar ta wannan hanya, kuma a cikin ayarin akwai mata da ƙananan yara masu yawa, musamman na Kance da Matamai da Magarya a jihar Damagaram.

Ban zo in tambayi kowa dalilin tafiyarsa ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Gona ta ƙi, rumbu ya ƙare tun kafin damina, bashi ya hau wuya. Abin da ya kawo ni gabanku yau shi ne yaran nan da ke zaune a cinyoyinku. Duk abin da kuka gani a hanya su ma sun gani, sai dai ku kuna da bakin faɗa, su kuwa da yawansu ba su da shi.

Kuskuren da na yi

Bari in fara da laifin kaina. Farkon shigata wannan aiki, an kawo mana wani yaro da bai wuce shekara bakwai ba, tare da wata mata da ta ce ɗanta ne. Na tsaya a kansa da takarda da alƙalami, ina jero masa tambayoyi: sunanka, garinku, wannan ce innarka? Duk tambayar da na yi sai ya dubi matar, sannan ya sunkuyar da kai. Na rubuta cewa yaron ba ya magana, na wuce.

Bayan kwana biyu wata tsohuwa cikin matafiya ta kira ni gefe ta ce, "Ƴata, ke ma in aka tsaya miki a kai haka ba za ki yi magana ba." Ta ce ta lura yaron ba ya cin abinci kwano ɗaya da matar, kuma ba ya kiranta inna. Na koma wurinsa ba takarda a hannuna. Na kai masa ruwa, na zauna a ƙasa kusa da shi, na fara zane a kan rairayi da tsinke, ban ce masa uffan ba. Can sai ya karɓi tsinken ya zana rijiya da icce a gefenta. Na ce, "Wannan rijiyar ina take?" Ya ce ta garinsu ce. Daga rijiya muka kai ga ranar kasuwa, daga kasuwa muka kai ga sunan babansa. Ashe matar maƙwabciyarsu ce, an ba ta shi ya yi mata bara a raba kuɗin, kuma ta gargaɗe shi cewa in ya faɗa za a kulle su duka. Da wannan ɗan bayani aka nemo iyayensa.

Kwana biyu na ɓata wa yaron nan saboda gaggawata. Tsohuwar da ba ta taɓa shiga lakwal ba ita ta koya mini aikina.

Abin da za ku iya gani a jikin yaro

Labarin zuciya a tambayi fuska. Yaron da ya daina fitsarin kwance tuntuni zai iya komawa yi. Wani zai riƙa firgita cikin barci. Wani zai maƙale wa uwarsa, ko bayan gida za ta je sai ya bi ta. Wani zai ɓoye burodi cikin riga ko da ya ƙoshi. Wani in ya ji ƙarar babbar mota ko ya ga mai kaki sai ya ruga. Wani zai zama mai faɗa, wata kuma ta yi shiru kamar ba ta nan. Akwai wanda zai miƙa hannu ga duk baƙon da ya gani, domin abin da aka koya masa ke nan wata da watanni.

Duk waɗannan alamun tsoro ne da gajiya. Yaron bai lalace ba, kuma ba taurin kai yake yi ba. Bulala tana ƙara tsoron, fitsarin kuma ya ƙaru. Yawancin yara suna dawowa daidai da kansu in sun samu natsuwa da wanda suka yarda da shi a kusa. Amma in yaro ya ƙi ci da sha, ko ya daina magana ɗungum, ko yana ji wa kansa ciwo, ko makonni sun wuce abin yana ƙaruwa, ku kawo shi wurinmu ko wurin likita. Kada ku ji kunya.

Yadda ake magana da yaro

Ku fara da cikinsa da ƙishirwarsa. Mai jin yunwa ba ya hira. Sannan ku sauko daidai tsayinsa, ku kira shi da sunan da ake kiransa a gida. Ku yi tambaya ɗaya, ku jira. Shirun da ya yi tunani yake, kada ku cike masa shi da wata tambayar. In ya fara ba da labari, abin da ya isa ku ce shi ne, "Sai me ya faru?" Kada ku sa masa magana a baki. In ya ce ba ya son faɗa, ku ƙyale shi, gobe ma rana ce. Wasu yara da zane suke magana, wasu da wasan ƴar tsana ko motar kara. Ku zauna ku kalla, za ku ji abin da bakinsu bai faɗa ba.

Ku gaya wa yaro gaskiya daidai hankalinsa. Na san abin da ya fi wuya ke nan. In uba ko ƙani ya rasu a hanya, sau da yawa mukan ce wa yaro ya yi tafiya. Na ga yarinyar da take kwana tana tashi a bakin ƙofa tana jiran wanda ba zai dawo ba. Gara a zaunar da ita a ce, "Allah ya yi wa babanki rasuwa, ba zai dawo ba, mu muna nan tare da ke." Ku bar ta ta yi kuka, ku koya mata yi masa addu'a. In kuwa rabuwa kuka yi da mutum ba ku san inda yake ba, ku ce ba ku sani ba, ana nema.

Akwai kalma ɗaya da nake roƙon kowace uwa ta faɗa wa ɗanta yau da dare: "Ba laifinka ba ne." Yaron da ake ƙirga kuɗin bararsa kowane dare yakan ɗauka cewa don bai samo da yawa ba ne aka kamo ku, ko don ya yi kuka ne aka gane maɓoyarku. Yana ɗauke da wannan a ransa ba ku sani ba.

Ku mayar masa da abubuwan gida gwargwadon hali: lokacin cin abinci, lokacin salla, tatsuniya kafin barci, langa da carafke da tsaransa. In za ki fita, ki gaya masa inda za ki da lokacin da za ki dawo, kuma ki dawo a lokacin. Da haka yaro yake sake yarda da maganar manya. Mai shayarwa ta ci gaba da ba da nono, ko da tana ganin ya ragu, domin yawan tsotso ne yake ƙara kawo shi. Yaro mai nakasa, kurma ko makaho ko wanda ba ya tafiya, ku nuna mana shi tun yau, saboda shi ne ake fara mantawa in ana rabo ko ana hawa mota.

Iyayena maza, wannan magana har da ku. Yaro namiji ɗan shekara goma sha uku da ya yi aikin gini ko ɗaukar kaya a can yana ganin kansa babba, ba zai yi kuka a gaban mata ba. Ku ja shi ku zaga tare, ku tambaye shi shawara a kan komawa gida. Yana tafiya a gefenku zai faɗi abin da ba zai faɗa yana fuskantarku ba.

Yaron da ba naku ba

Riƙo al'adarmu ce, kuma abin kirki ne. Goggo ta riƙi ɗan ɗan'uwanta, kaka ta riƙi jika. Amma ba da yaro haya don ya yi bara wani abu ne daban, kuma dokar Nijar ta 2010 da ta haramta fataucin mutane ta haɗa da cin riba daga barar wani. Ba zan ɓoye muku wannan ba. Duk da haka ina roƙonku, in akwai yaro a hannunku da ba ku kuka haife shi ba, ku faɗa mana tun a nan. In aka rubuta shi da sunan da ba nasa ba, uwarsa za ta nemi sunan da babu shi a kowace takarda. Croix-Rouge tana da aikin sada dangin da suka rabu, amma sai da sunan gaskiya da garin gaskiya ake iya nema.

Kafin ku hau motar Damagaram, ku koya wa kowane yaro da ya iya magana sunansa, sunan babansa da na innarsa, sunan garinsu da na maigari. Ku rubuta lambar wayar wani ɗan'uwa a ƴar takarda ku ɗinke masa a riga. Iyali ɗaya su shiga mota ɗaya. Yaron da aka haifa a Aljeriya ba shi da takardar haihuwa, ku sanar da mu, mu nuna muku hanyar da ake bi a samo masa, domin zai buƙace ta ranar jarrabawa a lakwal.

Ƴaƴa mata

Abin da zan faɗa yanzu da nauyi, amma dole ne. In wani ya taɓa yarinya, ko yaro, ta hanyar da ba ta dace ba, a can ko a hanya ko a nan cikin masauki, ku kai ta likita da gaggawa. Akwai maganin kare ta daga cutar sida da ke aiki in an fara shi cikin awa 72, wato kwana uku. Ko kwanakin sun wuce ku kawo ta, akwai sauran taimako. In ta faɗa miki, ki yarda da ita, kada ki tambaye ta me ya kai ta wurin. Kunyar tana kan wanda ya aikata.

Haƙƙinku a kanmu

Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan haƙƙin yara ta 1989, wadda Nijar ta amince da ita a 1990, Aljeriya kuma a 1993, ta ce a saurari ra'ayin yaro a duk abin da ya shafe shi, kuma a sa maslaharsa a gaba. Wannan ya hau kanmu mu ma'aikata. Duk wanda ya zo muku da takarda, ya faɗi sunansa da aikinsa da abin da za a yi da amsarku. Kuna da damar a yi muku magana da Hausa ko a kawo tafinta. Mace tana iya cewa sai mace za ta gani. Kada a ɗauki hoton ɗanku ba da yardarku ba. Sirrinku amana ne, sai dai in ran yaro ko mutuncinsa yana cikin haɗari, to a nan dole mu sa likita ko alƙalin yara a ciki, kuma za mu gaya muku kafin mu yi. Taimakon da ake ba ku kyauta ne. Duk wanda ya nemi kuɗi ko jikin mace kafin ya ba da abinci, bargo ko wurin zama a mota, ku kai ƙararsa, ko da ni ce.

Kafin in zauna

Na san wasunku tun yanzu suna lissafin komawa, domin bashin kuɗin mota yana jiransu a gida, ga kunyar shiga gari hannu biyu. A watan Oktoba na 2013 an tsinci gawar mutum 92 a hamada arewa da Arlit, bayan motocinsu sun lalace ƙishirwa ta kashe su. Guda 52 yara ne, 33 mata, kuma yawancinsu mutanen Kance ne. Wataƙila a cikinku akwai wanda ya yi zaman makokinsu. Ba ni da ikon hana kowa tafiya. Roƙona shi ne, kafin ki sake ɗaura yaro a baya zuwa arewa, ki zo mu zauna mu duba bashin da abin da za a iya yi a gida, sannan ki tambayi yaron shi ma. Yana da bakin amsa.

Ke ma uwa kin gaji. In ba kya barci, in kuka yana zo miki ba dalili, in kin ga hannunki yana saurin kai wa yaro duka, ki samu wata ƴar'uwa ki gaya mata, ko ki zo wurina. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ki bar wa maƙwabciyarki yaran na awa ɗaya ki huta, gobe ke ma ki riƙe mata nata.

Bayan wannan zama ina nan ƙarƙashin rumfa. Mai magana ta sirri ta zo ita kaɗai, ba sai ta ba da dalili ba. Allah ya raya mana yaranmu, ya jiƙan waɗanda suka rasu a hanya, ya kai ku gida lafiya.