Kwat Mai Ruwan Toka: Abin Da Ya Kamata Uwargida Ta Sani

Yau hirar tamu a kan tufafin maza ce, wato kwat da wando irin na Turawa, musamman mai ruwan toka.

Wata za ta ce, to mu ina ruwanmu da kwat, maigidana ɗan babbar riga ne? Gaskiya ne, babbar riga da kaftani su ne suturarmu, kuma babu abin da ya fi su kwarjini. Amma ki duba gidanku da kyau. Akwai ɗa ko ƙane da ya gama bautar ƙasa, ana kiransa ganawar neman aiki a banki ko a kamfani. Akwai maigidan da za a tura taro Legas ko Abuja ko ƙasar waje. Duk ranar da kwat ta shigo gida, a hannunki take kwana. Tufa ce mai tsada, wani sai ya tara albashi kafin ya saya, kuma wanki ɗaya na rashin sani ya isa ya kashe ta. Yaro ya tafi neman aiki da kwat a tattakure, tun bai buɗe baki ba an riga an yi masa wani kallo.

Asalin wannan sutura daga Ingila take. A shekarar 1666 sarkinsu Charles na biyu ya fito wa fadawansa da doguwar kwat da 'yar shara a ciki, daga nan aka yi ta rage ta har ta zama yadda muke ganinta. Mu kuma ta iso mana ne tare da Turawan mulki da makarantun boko. Ƙasar da aka ƙirƙiro ta ƙasar sanyi ce, shi ya sa mai kyau da ulu ake saƙa ta, wato gashin tumaki. Ki riƙe wannan, domin duk sauran bayanin a kansa ya rataya.

Me ya sa ruwan toka? Saboda in mutum kwat ɗaya zai mallaka, ita ce za ta kai shi ko'ina. Baƙa ta fi dacewa da lauya mai shiga kotu, ga ɗaukar zafi, ga nuna ƙura lokacin hunturu. Ruwan toka kuwa iri biyu ne. Akwai mai duhu kamar gawayi, ita ce ta ganawar neman aiki da manyan taruka. Akwai mai haske kamar tokar murhu, ta fi daɗi da rana da lokacin bazara, sa'ad da zafin Kano ko Sakkwato ke haura maki 40. In za a saya, ki ba maigida shawara ya nemi ulu mara kauri. Yadin roba zalla yana da araha, amma yana riƙe gumi kamar leda.

Ko sabuwa ce daga kanti, ko ta gwanjo daga Ƙofar Wambai, kafaɗa ake fara dubawa. Ɗinkin kafaɗar kwat ya tsaya daidai inda kafaɗar mai ita ta ƙare. Tela zai iya rage hannu, ya rage ƙugu, ya rage tsawon wando, amma gyaran kafaɗa aiki ne mai wuya. Hannun kwat ya tsaya a wuyan hannu, bakin hannun rigar ciki ya leƙo kamar rabin inci. In sabuwa ce, za ki ga ɗan ƙyalle mai sunan kamfani a ɗinke a bakin hannu, da zare da aka kama tsagar baya da shi. Ki sa reza a hankali ki cire su. Ba ado ba ne, na ajiyar kanti ne.

Sai abin da za a haɗa ta da shi. Farar riga mai kwala ko mai ruwan sararin sama, su ne ba sa ba da kunya. Nektai, abin nan da ake ɗaurawa a wuya, a sami shuɗi mai duhu ko ja mai duhu, bakinsa ya sauka daidai kan bel. A nan akwai abin lura: yawancin masu tsadar da alharini ake yin su, kuma malamai sun yi mana bayani cewa alharini da zinariya ba na maza ba ne. To a duba rubutun da ke bayansa, a zaɓi na auduga ko na roba. Takalmi baƙi sau ciki shi ke tafiya da toka mai duhu, mai ruwan ƙasa kuma ya fi kyau da toka mai haske. Bel ya bi launin takalmi, safa ta zama mai duhu. Farar safa ta 'yan ƙwallo ce.

Maɓalli ma da ƙa'idarsa. In biyu ne, na sama kaɗai ake sawa, na ƙasa a bar shi a buɗe, in za a zauna kuma a ɓalle duka. Ana cewa wannan al'ada ta samo asali daga Sarki Edward na bakwai, wanda ya mulki Ingila daga 1901 zuwa 1910, saboda tumbinsa. Ko ma dai mene ne, teloli a haka suke yanka ta, in aka sa na ƙasan sai ta tattare a ciki. Lokacin alwala kuma a cire ta a rataye, kada a naɗe hannunta.

To uwargida, ga naki aikin. Kwat ta ulu ba ta shiga bahon wanki. Ba a sa mata garin sabulu, ba a sa sitaci ko bula, ba a kai ta wurin masu bugu kamar shadda. Ruwa da cuɗa suna sa ulu ya tsuke, shafin da ke cikin ƙirjinta ya kumbura, kuma ba ta komawa daidai. Ki duba ɗan ƙyallen da ke cikin aljihu. In kin ga hoton baho da aka soke da gicciye, ma'anarsa kada a wanke da ruwa. In kin ga da'ira, ta masu wankin zamani ce da ba sa amfani da ruwa. Can ma sau ɗaya ko biyu a shekara ya isa, kuma a aika kwat da wando tare, don kada ɗaya ya fi ɗaya koɗewa.

Abin da take so kullum kaɗan ne. In maigida ya dawo, ki zazzage aljihu, ki kakkaɓe ta da buroshi mai laushi daga kafaɗa zuwa ƙasa, ki rataye ta a hanga mai faɗin kafaɗa inda iska ke shiga, ba cikin rana ba. Kada a rataye ta a ƙusa. In miya ta ɗiga, ki dangwale da tsumma mai ɗan danshi, kada ki goga. In manja ne ko man gyaɗa, ki barbaɗa hoda, ta kwana, da safe ki kakkaɓe.

Wajen guga, dutse ba ya taɓa jikinta kai tsaye. Ki shimfiɗa farin ƙyalle mai danshi a kai, ki ɗora dutsen ki ɗaga, ki ɗora ki ɗaga. Na lantarki a sa shi a ɗigo biyu. Na gawayi kuma ki bari ya huce tukuna, ki kula da tartsatsi. In dutse mai zafi ya hau ulu tsirara, sai wurin ya riƙa sheƙi, kuma a ruwan toka mai duhu sheƙin ba ya ɓuya.

Saura ajiya. Da damina ki riƙa fito da ita ta sha iska saboda fumfuna, kuma kada ki bar ta cikin leda. Asu yana son ulu, musamman mai gumi a jiki, don haka ba a ajiye ta da datti. Da yawanmu kafur muke zubawa a akwati. Don Allah a kiyaye: wannan farin ƙwallon guba ne. Yaro na iya ɗauka ya haɗiye a zaton alewa, kuma likitoci sun tabbatar yana fasa jinin wasu jarirai, ya jawo musu shawara mai tsanani, ko da ta kayan da suka sha warinsa ne. Kada kayan jariri su haɗu da shi a akwati ɗaya. Rigakafi ya fi magani.

Wadda ta kiyaye waɗannan, kwat ɗaya za ta yi wa maigida shekaru, har ƙanensa ya ara ya je neman aiki ya fita kunya. A nan za mu dakata. Allah ya ba 'ya'yanmu aikin yi na halal, ya bar mu da mazajenmu lafiya. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Wassalamu alaikum.