Wane ne almajiri?



A makarantun allo na Gidimuni, kamar sauran ƙasar Damagaram, idan dattijo ya ce "ni almajiri ne", tawali'u yake nunawa. Mai yiwuwa ya haddace Alƙur'ani, ya rubuta shi da ka, har ana kiransa alaramma, amma yana ganin bai gama neman ilimi ba. Asalin kalmar Larabci ne, almuhajir, wanda ya bar gida saboda Allah. Da wannan niyya iyaye ke tura yaro gabas, wajen malaman Barno.

A bakin jami'in gwamnati ko ma'aikacin ƙungiyar agaji kuwa, almajiri shi ne yaro mai yagaggiyar riga da ƙoƙon bara a tashar mota. Da wannan fahimta gwamnonin arewacin Najeriya suka riƙa kwashe almajirai zuwa jihohinsu na asali a 2020, lokacin korona.

Yunwar yaron nan gaskiya ce, kada malamai su musanta. Sai dai abin yana min ciwo idan aka tsara masa doka ba a zauna da malaminsa ba, ba a kuma tambayi izu nawa ya kai ba.