Laimar Kwaɗi: A San Ta Kafin Yaro Ya Kai Baki

Yau za mu yi magana a kan wata baƙuwa da damina kan kawo mana har tsakar gida, wato laimar kwaɗi, wadda wasu ke kira naman kaza.

Ruwa ya kwana yana zuba, da safe sai ki ga abu fari ya tsiro gefen turke ko cikin ciyawar bayan ɗaki. Mai rarrafe kuwa, kin san halinsa, duk abin da ya gani sai baki.

Masana ba su sa ta cikin tsirrai ba. Danginta su ne funfunar da ke fitowa a kan tuwon da ya kwana biyu, da yis ɗin da muke sa wa fanke. Ire-irenta dubbai ne, wasu ana ci, wasu guba ne.

Wadda nake so mu gane yau, masana na kiranta Chlorophyllum molybdites. Tun 1818 aka rubuta bayaninta, kuma tana fitowa a ƙasashe masu zafi da dama, har da namu. A Amurka ma ita ce kan gaba wajen kwantar da masu tsintar naman kaza. Ga kamanninta. Laimar fara ce mai faɗi, takan kai girman faifai, da ɗige-ɗige ruwan ƙasa a samanta. Sandarta tana da zobe. In kika kifa ta, za ki ga ƙarƙashinta filla-filla kamar shafukan littafi. To nan ne sirrin yake. Tana ƙarama wurin fari ne, in ta manyanta sai ya koma kore-kore, domin garin irinta kore ne.

Masana sukan yanke laimar su kifa a kan farar takarda, su rufe da kwano ta kwana. Da safe garin ya zuba. In kore ne, ita ce. Amma rashin ganin kore ba ya nufin a ci, don akwai masu farin gari da suka fi ta mugunta.

Wadda ake ci a wurare da yawa na Afirka ita ce mai fitowa a kan suri, Termitomyces. Gara ce ke noma ta a cikin gidanta, shi ya sa take da doguwar saiwa da ta nutse ƙasa. Duk da haka, in ba wadda ta ƙware ce ta tsinto ba, a haƙura. Kama da wane ba ta wane.

Kada a ruɗe ki da cewa dafuwa na kashe gubar, ko wai tunda akuya ta ci lafiya mutum ma zai ci. Ba haka ba ne.

Idan yaro ya ci mai koren garin nan, cikin awa 1 zuwa 3 sai amai da gudawa da murɗar ciki. Ki haɗa ruwan gishiri da sukari: lita 1 ta tsabtataccen ruwa, sukari ƙaramin cokali 6 a shafe, gishiri rabin ƙaramin cokali, ki riƙa ba shi kaɗan-kaɗan. A tafi asibiti nan take, a ƙunshe ragowar laimar a takarda a nuna wa likita. Ko yaron bai nuna komai ba a kai shi, domin wasu ire-iren sai bayan awa 6 ko fiye suke tashi, kuma hanta suke lalatawa.

Shawarata, tun yau ki yi maganar nan da maigida, ya bar izinin fita asibiti ko ba ya nan. Kullum da safe kafin yara su fito, ki zaga gida, wadda kika gani ki tuge ta ki jefa a masai, ki wanke hannu da sabulu.

Allah ya raya mana zuri'a, ya ba mu damina mai albarka. Sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. Wassalamu alaikum.