Naman Kaza Na Ci da Mai Guba: Yadda Ake Rarrabe Su

 

Da zarar damina ta kankama, daga Yuli zuwa Satumba, mukan wayi gari mu tarar da naman kaza ya tsiro a bakin fadama, da makiyaya, da jikin suri. Yara kan tsinko shi su kawo gida, kuma a nan haɗarin yake, domin akwai na ci, akwai mai guba, ga shi sun yi kama. Hausawa kuwa sun ce kama da wane ba ta wane.

Masana ba su lissafa naman kaza cikin tsirrai, domin ba shi da koren ganye, ba ya fure, ba ya haɗa abincinsa daga hasken rana. A 1969 Robert Whittaker ya ware masa rukuni na kansa. Yana yaɗuwa ne ta wata ƙura mai laushi da ke zubowa daga siraran shafukan da ke jere a ƙarƙashin hularsa, kuma launin wannan ƙura na daga manyan alamun da ake rarraba shi da su.

Na farko shi ne na suri, wanda masanin Faransa Roger Heim ya raɗa wa dangin suna Termitomyces a 1942. Gara ce ke noma shi a cikin gidanta don ta ci. Alamunsa uku ne: tsakiyar hularsa yakan yi tsini, yana da doguwar saiwa wadda ke nutsawa har cikin surin, sannan ƙurarsa fara ce mai ratsin ja-ja. Ana cin sa a ƙasashen Afirka da Asiya da dama. Wani irinsa a Zambiya hularsa kan kai kusan mita ɗaya.

Na biyu shi ne Chlorophyllum molybdites, ɗaya daga cikin waɗanda muke haɗawa mu kira laimar kwaɗi. An fara bayyana shi a rubuce a 1818, kuma ya bazu a ƙasashe masu zafi na duniya. Yana son fili mai ciyawa da taki, sau da yawa a jere kamar da'ira. Hularsa fara ce mai faɗi da ɓawo-ɓawo ruwan ƙasa, kararsa na da zobe, ba shi da doguwar saiwa. Yana ɗanye shafukansa farare ne tas, sai ya manyanta suke komawa kore-kore, abin da ke ruɗin mai tsinka ke nan. Wanda ya ci shi, cikin sa'a ɗaya zuwa uku sai amai da gudawa mai tsanani, wadda kan ƙarar da ruwan jikin yaro ko tsoho.

Gwajin ba ya bukatar kuɗi. A yanke hular, a kife ta kan farar takarda, a rufe da ƙwarya ta kwana. In da safe aka ga ƙura kore, a binne shi nesa da yara da dabbobi. Sai dai rashin ganin kore ba izinin ci ba ne, domin wasu masu kisa ƙurarsu fara ce. Haka nan zancen cewa wanda ƙwari suka ci ba shi da guba, ko dafuwa na kashe kowane dafi, ba abin dogaro ba ne.

Saboda haka muna roƙon malaman firamare su koya wa ɗalibai wannan gwaji kafin daminar baɗi, iyaye mata kuma kada su dafa abin da tsofaffin da suka san daji ba su tabbatar ba. In an yi kuskure, a garzaya asibiti mafi kusa tare da ragowar abin da aka ci, kada a tsaya jiran gari ya waye. Muna kuma fatan ƙungiyarmu za ta tuntuɓi jami'o'in Birnin Kebbi da Aliero a tattara sunayen ire-iren da ke yankinmu tun dattawanmu na raye.

Allah ya tsare mu da zuriyarmu, ya ba mu damina mai albarka.