Jawabi Kan Orlando Martins, Ɗan Wasan Da Ikko Ta Haifa

 

An ba ni 'yan mintoci ne, to zan yi magana kan wani mutumin garin nan da muke zaune, wanda yawancinmu ba mu taɓa jin sunansa ba, wato Orlando Martins.

An haife shi a Ikko a 1899. Ya tafi Ingila a 1917, yana saurayi. Aikin jirgin ruwa ya yi, gadi ya yi, kokawa ya yi, har wasa da maciji ya yi a gidan wasa, duk don ya samu na tuwo. A 1935, bayan shekara 18, ya fito a fim ɗin Sanders of the River tare da Paul Robeson. Mu 'yan kasuwa mun san irin wannan haƙuri: ka kasa kaya, ka jira mai saye.

A 1949 ya fito a The Hasty Heart tare da Ronald Reagan, wanda ya zama shugaban Amurka a 1981. To amma ku ji matsayin da aka ba shi: sojan Afirka mai suna Blossom, wanda ba ya jin Turanci. Haka Turawa suka yi ta yi da shi, yau soja, gobe sarkin ƙauye. Gwaninta yana da ita, alƙalamin ne ba a hannunsa yake ba.

Ya dawo gida a 1959, shekarar da aka buɗe talabijin a Ibadan. Sai da ya kai shekara 70 kafin ya fito a labaran da 'yan ƙasarsa suka rubuta: Kongi's Harvest na Wole Soyinka a 1970, da Things Fall Apart na Chinua Achebe a 1971. Ya mutu a Ikko a 1985.

Jama'a, abu biyu nake roƙo. Yaranmu masu sha'awar wasan kwaikwayo su koyi rubuta labari, kada su tsaya kan fitowa kawai. Sannan namu irin su Kasimu Yero, da ya rasu a 2017, da Samanja, da ya rasu a 2023, ƙungiyar nan ta nemi tsofaffin kasetocinsu ta adana, ta rubuta tarihinsu tun waɗanda suka san su suna raye.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya ba mu zaman lafiya da masu masaukinmu. Wassalamu alaikum.